Kanon Tanko Ya Aiko Gida da Takarda

Mutanen Madarumfa sun sha ganin ɗansu ya tsallaka ƙasar Ingilishi, wato ya bar ƙasar Faransi ya ƙetare iyaka, ya dawo da keke, ko da mata, ko da tari. Amma wanda ya tafi da suna ɗaya ya dawo da huɗu, Tanko ne kaɗai. Ya bar gari yana Tanko ɗan masunci mai wando ɗaya, ya dawo bayan shekara ashirin da shida yana Rabaran Kanon Istifanus Tanko, babban limami a cocin Angalika. Idan ka kira shi ka tsallake ɗaya cikin huɗun, sai ya yi kamar da wani kake.

Gidansu yana bakin tafki, gidan Azna ne a wancan lokaci, masu addinin gargajiya, masu su da noman gero. Shi ne babba a maza, sai ƙanensa Abarshi, da yayarsu Inde wadda ta goye su duka biyu. A shekarar 1931, da fara ta cinye hatsi, Nasara ya duba ya ga babu lokacin da ya fi dacewa da gyaran hanya kamar lokacin da mutane ba su da abin sa wa a baki. Aka ce kowane gida ya ba da namiji ɗaya aikin tilas, a gidansu kuwa sunan Tanko aka kira. Tanko ya ce to. Ana saura kwana biyu tafiya ya ɗauki kwandon busasshen kifi ya ce zai kai kasuwar Jibiya ya dawo da la'asar. Aka yi la'asar, aka yi magariba, aka yi damina da rani, babu Tanko.

Gardi kuwa, wato ɗan sandan kumandan, Nasaran da ke mulkin yankin, ba ya komawa Maraɗi hannu rabbana. Da bai sami Tanko ba sai ya tasa Abarshi gaba, wanda bai cika wata biyu da aure ba. Wata biyar Abarshi yana ɗaukar dutse a ka, har ranar da ya zame da kaya ya karye a kwatangwalo. Aka ɗora shi yadda aka ga dama, aka mai da shi gida a kan jaki, bai ƙara takawa daidai ba. Labarin ya sami Tanko tun yana Katsina, wani mai fataucin kanwa ne ya ba shi. Saboda haka kada wani ya ce bai sani ba. Ya sani sarai, ya dai ƙara gaba.

Ya gangara har ƙasar Zariya, ya sami aikin ban ruwa a lambun mishan. Ɗan bakin tafki ba a koya masa albasa, nan da nan aka san da shi. Cikin damina ɗaya ya iya karatun boko. Aka yi masa baftisma, aka ba shi zaɓin suna, ya ɗauki Istifanus don ya fi sauran cika baki. Daga mai ban ruwa ya zama mai buga ƙararrawa, daga nan malamin bishara a wani ƙauye inda masu sauraronsa bakwai ne, biyu daga ciki kurame.

Gaskiya dai ya yi aiki, ba zan hana shi wannan ba. Ya kashe keke uku a hanyoyin ƙauye. Ya goya marasa lafiya zuwa asibiti. A shekarar sanƙarau da hannunsa ya binne mutanen da danginsu suka gudu suka bari. Aka tura shi makarantar limamai, aka ɗora masa hannu, aka ba shi baƙar riga har ƙasa da farin abin wuya mai tauri, kuma tun daga ranar wuyan nasa ya manta yadda ake sunkuyawa. A 1955 aka naɗa shi Kanon, wato cikin manyan limaman da ke zama kusa da Bishop. Ya sa aka sassaƙa masa hatimi.

Abin da ya fi suna a kai shi ne sulhu. A kawo masa wa da ƙane da suka yi shekara goma ba sa ga maciji a kan iyakar gona, ya zaunar da su ya yi ta magana har su shirya, wasu don zuciyarsu ta yi sanyi, wasu don yunwa ta kama su. Yana da wani wa'azi kan neman gafarar ɗan'uwa wanda ake tasowa daga nesa a saurara. Mata su yi ta sharar hawaye. Shi kansa yakan yi ƙwalla, a daidai wurin da ya saba yi.

Farkon 1957 matarsa Ladi ta rasu. 'Ya'yansu biyu mata sun yi aure nesa. Ga Kanon a gaban teburi, ga faranti, ga cokali, babu mai ce masa ci ko bari. Nan kewa ta kama shi, kewa ta gaske, irin wadda baƙar riga ba ta rufewa. Abin da yake so bai taka kara ya karya ba. So yake ya zauna a ƙasa gaban Abarshi ya ce ka yafe mini, sa'an nan su sa hannu a akushi ɗaya, yaran gidan suna hawa masa baya suna ce masa Baba. Da ya hau mota zuwa Jibiya ya ƙarasa da ƙafa kamar kowa, da abin ya zo da sauƙi. Inde za ta zage shi tas, ta yi kuka, a ƙarshe a miƙo masa tuwo.

Amma Kanon ba ya faɗo wa mutane kamar mai tallar goro. Ya jawo tafireta ya buga wasiƙa shafi biyu, ya danna mata hatimi. Da yake babu gidan waya a Madarumfa, kuma ya san babu mai karatun boko a gidansu, sai dabara ta zo masa, dabarar mai ilimi. Ya haɗa wasiƙar da takardar neman izinin tsallake iyaka, ya tura duka ofishin kumandan a Maraɗi, yana roƙon a taimaka a isar wa danginsa. A shafi na biyu ya rubuta abin da ke ransa: yana marmarin ganin dukan iyalin gidan, musamman yara.

Tafintan kumandan ya karanta, ya taƙaita shafi biyun cikin numfashi ɗaya, ya ɗora wa gardi. Gardi ya hau doki da jar hularsa ya tsaya a ƙofar gidan Abarshi, bai ko sauka ba.

"Abarshi! Takarda daga biro, ofishin kumandan. Wani babban mutum na ƙasar Ingilishi shina zuwa gidanga ran Talata ta sama, kwana ukku. A share, a gyara. Kuma shina son ganin kowa da kowa, musamman ɗiya. Kada a rage ko guda."

Abarshi ya durƙusa iyakar yadda kwatangwalo ya bar shi. "Ranka shi daɗe, wane ne?"

"Sunayenshi da yawa. Na ƙarshen dai Tanko."

Da gardi ya tafi, Inde ta fito tana gyara ɗaurin zane. Ta tsufa, amma bakinta bai tsufa ba. "Tanko namu bai san takarda ba," in ji ta. "Wanga da ya aiko gardi, ko wa ta haihe shi, na Nasara ne."

Kada a yi saurin yi musu dariya. Sau biyu takarda ta taɓa shiga gidan nan. Ta farko ta tafi da Abarshi. Ta biyu ta tafi da ɗan Inde soja lokacin babban yaƙi, kuma har ranar ba a ga ko hularsa ba. A bara ma wata ta zo unguwar ta kwashi yara uku zuwa lakwal, makarantar Nasara a Maraɗi. Ba su taɓa ganin takardar da ta zo ta koma ita kaɗai ba. Ga shi wannan ta faɗi da bakinta cewa yara take so, kuma kowa ya ji labarin masu farin abin wuya, cewa tara yara a makaranta shi ne sana'arsu. Ranar Litinin da hantsi aka zuba yara goma sha ɗaya da samari uku a kwalekwale, aka tsallakar da su bukkokin masunta a wancan gefen tafki, matar Abarshi, Kulu, ta tafi da su.

Ranar Talata motar mishan ta shigo ta Ɗan Issa, direba Haruna yana tuƙi, Kanon yana baya a miƙe. An share ƙofar gida har babu ko kashin akuya. An aro kujerar katako daga gidan mai gari an girka a tsakar gida, ita kaɗai. Kanon ya fito, ya ga tsohuwa ta durƙusa, ya ga wani mai furfura yana tahowa yana ɗingishi, gefe guda na faɗuwa a kowane taku. Zuciyarsa ta karye. Ya buɗe baki zai ce Abarshi, sai Abarshi ya riga shi.

"Ranka shi daɗe, sannu da zuwa. An zo lahiya? Ga kujera."

Ba Yaya ba. Ranka shi daɗe. Da wani ne, da ya cire takalmi ya zauna a ƙasa tun a nan. Amma shekara ashirin ana nuna wa Kanon kujera yana zama, jiki ya saba, kafin ya ankara ya hau. Daga sama ya dubi 'yan'uwansa, su kuma daga ƙasa suka dubi takalminsa. Aka yi gaisuwa mai tsawo. Ya tambayi iyayensu, aka ce sun riga mu gidan gaskiya, ya yi shiru na minti ɗaya yadda ake yi a taro. Ya lura da buta da buzun salla a gefen rumbu, ya gane gidan ma ya sake hanya bayan tafiyarsa.

Aka kawo abinci. Kaza guda, an soya da man gyaɗa, a kwanon sha mai murfi, da cokali da aka aro tare da kujerar. Aka ajiye masa, kowa ya tashi ya ba shi wuri, don baƙo ba a tsare shi da ido yana ci.

"Abarshi, zo mu ci mana."

"A'a, ranka shi daɗe, mun ƙoshi. A ci lahiya."

Ya tsallako iyaka da takardar izini don ya daina ci shi kaɗai da cokali, ga shi yana ci shi kaɗai da cokalin aro.

Da yamma ya duba tsakar gida ya ji shiru ya yi yawa. "Ina yara?"

"Allah bai ba mu ba," in ji Inde, idonta ƙyar a kansa.

"Ko ɗaya?"

"Ko rabi."

A jikin darni kuwa ga ƙananan ludaya an kife a jere, ga sawun ƙananan ƙafafu bayan rumbu inda tsintsiya ba ta kai ba. Safe da yamma Inde da wata maƙwabciya suna tuƙa tuwon da zai ƙosar da mutum ashirin, su ɗauka a ka su nufi bakin tafki. Ya tambaya, aka ce sadaka ce ake kai wa masunta. Mutumin da ya yi shekara biyu yana nazarin zuciyar ɗan Adam a makarantar limamai ya gyara zama a kujera ya yaba musu. Ya ce ko a cikin ikilisiyarsa bai taɓa ganin marasa haihuwa masu alheri irin wannan ba, zai ba da misali da su ranar Lahadi. Inde ta ce sun gode.

Maganar da ta kawo shi kuwa, sau uku yana ɗaukowa. Matsalar ita ce Kanon bai iya shiga magana ta ƙofa ba, sai ya zagaya. Ranar Laraba ya fara da cewa ɗan Adam ajizi ne, ya raba batun kashi uku, yana cikin kashi na biyu Abarshi ya ce, "Gaskiya ne, ranka shi daɗe," ya nemi izini zai duba komarsa ta kamun kifi. Da yamma ya sake gwadawa ta hanyar misalin waɗansu 'yan'uwa biyu da ya sulhunta a Funtuwa. Abarshi ya saurara har ƙarshe ya ce madalla, Allah ya ƙara basira. Ranar Alhamis ya fara da addu'a, addu'ar ta yi tsawo, da ya buɗe ido sai ya tarar mai gari da dattawan unguwa sun zo gaisuwa sun cika gidan. Ya ji haushi, amma ya ji daɗi kuma, don sun kira sunayen huɗu duka, mai gari ya sa an koya musu.

Safiyar Juma'a izini ya ƙare. Aka loda masa busasshen kifi, da albasa, da zabi biyu a ɗaure, kyautar da ake yi wa babban baƙo don kada ya sami abin faɗa a biro. Abarshi ya raka shi har gindin mota, ya ce a sauka lahiya, a gai da mutanen Ingilishi. Kanon ya ɗaga hannu ya sa wa gidan albarka. Ya shiga mota da maganarsa a ciki, ko ɓare ta bai yi ba.

Ba su yi nisa ba, a inda hanya ta ratsa busasshen gulbi, mota ta nutse a rairayi. Haruna ya taka, ta ƙara nutsewa. Ya sa rassa, ya tona, ya yi gumi har rana ta take, sa'an nan ya ce sai an nemo masu turi. Kanon ya ce shi zai koma da kansa. Tun da ya bar gari, wannan ne karo na farko da ya nufi gidan ubansa a ƙafa, ba tare da ya aika kowa ba.

Tun daga nesa ya ji hayaniya. Ya ɗauka ko biki ake a maƙwabta. Da ya matso ya leƙa ta kafar darni, sai ya ga gidan da ya zo nema. Yara ko'ina, ƙafafunsu da laka, wani na bin zakara, wata na kuka an ƙwace mata rogo, Kulu na rabon faɗa da ludayi. An tura kujera gefe an shanya mata tsumma. A tsakiya ga Abarshi zaune a ƙasa gaban akushi, samari uku sun kewaye shi, ƙananan biyu sun hau masa wuya, yana dariya har ana ganin giɓinsa. Kanon ya manta ƙanensa yana da irin wannan dariya. Ya tsaya yana kallo, ƙwalla ta zo masa, kuma wannan karon ba a wurin da ya saba ba ne.

Sai wata yarinya ta hango farin abin wuya ta ƙwalla ihu. "Ya komo! Mai takarda ya komo!"

Kafin ya zagayo ƙofa gidan ya watse. Wasu ta kan darni, wasu ƙarƙashin rumbu, samarin sun yi bakin tafki. Ya shigo ya tarar da akushi da gurbin hannuwa a cikin tuwo, da Abarshi yana ta ƙoƙarin miƙewa.

"Ranka shi daɗe, lahiya?"

"Mota ta kafe a gulbi." Ya dubi ƙafar yaro da ta leƙo daga ƙarƙashin rumbu. "Abarshi, yaran nan na wane ne?"

"Na maƙwabta ne."

Kanon ya zauna a ƙasa, da rigar da kome. Bai raba batu kashi uku ba, bai kawo misali ba. Harshensa ma ya koma na gida ba da saninsa ba.

"Ni na gudu anka kama ka. Na ji labarin ƙahwarka tun ina Katsina, ban zo ba. Ka yahe mini."

Abarshi ya daɗe yana kallonsa. Babu fushi a fuskarsa, kuma wannan ya fi ciwo.

"Wannan ta wuce. Na yahe tun da daɗewa, tun kahin baba shi rasu. Ka tahi da ranka sake."

"To kira su in gan su. Ba kwashe su na zo yi ba, wallahi. In gan su kawai."

"Ƙila hakanan ne," in ji Abarshi a hankali. "Amma mutumin da ya san hanyar gidan ubanshi ya aiko gardi, ban san mi zai aiko gobe ba. Yahiya tawa ce, na ba ka. Ɗiya kam ba ka ganinsu."

Inde tana tsaye a ƙofar ɗaki, hawaye na zuba. Abarshi ya sunkuya ya rufe akushin da faifai saboda kaji, ya fita ya kira maƙwabta huɗu, dattawa duka, don samari ba za su fito ba. Suka nufi gulbi, Kanon a gaba don girmamawa, yana jin takun ƙanensa a baya, ɗaya da nauyi ɗaya da ja.

A gulbi Kanon ya naɗe hannun riga ya dafa mota zai tura tare da su. Abarshi ya janye masa hannu da ladabi.

"A'a, rigarka. Shiga, ranka shi daɗe. Mu mun saba."

Ya shiga. Abarshi ya sa kafaɗa, ya kafa lafiyayyar ƙafar a rairayi, ya ja ɗayar. A turi na uku mota ta fita, Haruna bai yarda ya tsaya ba don kada ta sake nutsewa. Abarshi bai jira ɗaga hannu ba. Ya juya ya nufi gida yana ɗingishi, ya ɗaga murya yana kiran yaransa ɗaya bayan ɗaya su fito. Kanon ya leƙo da kai ta taga ya kasa kunne. Ya ji Hamisu, ya ji Balaraba, ya ji Ɗanjuma, ya ji Binta, sa'an nan ƙarar inji ta rufe sauran.